Direban Da Ya Duba Sama Ya Shiga Teku

Yayana direban babbar mota ne, shekara talatin da ɗaya yana kan hanya. Ba zan rage masa komai ba. Bai taɓa kifar da mota ba, bai taɓa buge ko akuya ba, kuma inji in ya yi tari, daga nesa zai gaya maka abin da ke damunsa. Aibinsa guda ne, amma ya ishe mu. Yaya ba a gaya masa abu. In ka fara masa bayani, kafin ka kai tsakiya ya tare ka da "Na sani." Likita ma in ya rubuta masa magani sai ya yi masa gyara. Matarsa ta daɗe da daina musu da shi. Ni ce dai auta mai baki nake ɗan taɓawa, shi ma ba ya hana komai.

Mahaifinmu tsohon tela ne, ya haura tamanin. Mu mutanen tudu ne, ruwan da muka sani bai wuce kogi da rijiya ba. Baba ya daɗe da wani hoto da ya yanke daga kalanda, na wani tsohon birni a bakin teku, da barikin dutse mai hasumiya a kan ɗan tsibiri. Da idonsa ya yi rauni ya ajiye ɗinki, sai ya ce mana yana so ya taka barikin nan da ƙafarsa tun ƙafar tana ɗaukarsa. Na ɗauki hutu a makarantar da nake koyarwa, Yaya ya kawo ƙaramar motarsa, muka yi tafiyar kwana biyu muka sauka a wani masauki kusa da birnin.

Ni na nemi ɗan jagora wanda zai yini da mu mu kaɗai, don Baba ba ya iya saurin da ayarin 'yan yawon buɗe ido ke yi. Da safe ya zo, dattijo ne siriri mai furfura, tsohon masunci. Ya zo da mota da direba, Yaya ya ce shi ba a tuƙa shi. Aka sallami direban, ɗan jagora ya shiga gaba, ni da Baba muna baya.

Kafin mu tashi ya zaro wata 'yar takarda daga aljihun gabansa, ta sha ninki har ta yi laushi. Ya ce da barikin za mu fara. Hanyar zuwa tsibirin ta dutse ce, an shimfiɗa ta kan yashi, kuma sau biyu a rana teku yake cikowa ya rufe ta ruf, sannan ya janye. Lokutan ne rubuce a takardar, kullum suna canzawa. Ya ce yau hanya za ta buɗe da ƙarfe tara, kuma dole mu dawo kan tudu kafin ƙarfe ɗaya.

Yaya ya yi dariya ya ce ashe teku ma ma'aikacin gwamnati ne, da agogo yake aiki. Ya ce shi tashar jiragen ruwa zai fara gani, inda ake loda wa manyan motoci kaya, don ya gaji da jin labarinta a bakin abokan aikinsa. Ɗan jagora ya ce tashar ba za ta gudu ba. Yaya ya murɗa sitiyari ya bi inda ransa ke so.

A tashar ya ci karo da wani direba da suka san juna, suka tsaya suna zuba, mu muna gasuwa a mota. Daga nan muka shiga tsohon gari. Gaskiya birni ne mai kyau. Lunguna ne 'yan sirara da mota ba ta shiga, ƙofofi na katako masu sassaƙa da ƙusoshin tagulla, ga manyan zobban ƙarfe a jikin bangon gaɓa inda ake ɗaure jirage tun zamanin da. Ɗan jagora yana riƙe da hannun Baba, yana gaya masa wane ne ya gina me. Muka biya rumfar masu ɗinka tufar da iska ke tura jirgin ruwa da ita, da manyan allurai da fata a tafin hannu don tura allurar. Baba ya zauna a cikinsu, ya shafa ɗinkin da yatsa, ya ce wannan aikin na ƙwarai ne. Rabon da in ga farin ciki haka a fuskarsa har na manta.

Da ƙarfe goma sha ɗaya ɗan jagora ya ce in za mu je barikin yau, to yanzu ne. Yaya ya ce sai an ci abinci. Ya sake tunatarwa muna cikin ci, Yaya ya yi kamar da bango ake. Ni ma ina da nawa laifin, don daɗin yawo ya ɗauke mini hankali, ban sa baki ba.

Ƙarfe biyu da rabi muka isa bakin hanyar. Ga barikin can muna hango shi, ga hanya a fili, ga yashi shimfiɗe hagu da dama, tekun ma yana can nesa kamar zare. An gitta sarƙa a bakin hanyar, da allo mai jan rubutu. Ɗan jagora ya ce lokaci ya wuce, mu dawo gobe da safe.

Yaya ya fito daga mota. Ya riƙe ƙugu, ya duba gabas, ya duba yamma, ya ɗaga kai ya ƙare wa sama kallo. Ko ɗigon gajimare babu. Ya ce shi shekara talatin da ɗaya yana ƙetare koguna da kaya niƙi-niƙi, kuma ruwa ba ya zuwa sai da hadari, ko a nan ko a can sama inda kogin ya taso. Yau sati nawa ba a yi ko yayyafi ba, daga ina ruwan zai fito?

"Maigida, wannan ba kogi ba ne," in ji ɗan jagora. "Ba daga sama yake zuwa ba. Nan da rabin awa inda kake hangen nan ya fi ƙarfin tsayinka."

Yaya ya ce ya gane, so ɗan jagora yake a ƙara masa aikin kwana guda. Na ji kunyar maganar nan har cikin raina. Dattijon ya dai ce in Yaya ya nace sai ya je, to ya bar masa Baba a nan. Baba ma ya ce a haƙura zuwa gobe. Yaya ya ce gobe da asuba za mu kama hanya, lodi yana jiransa, kuma bai kawo mahaifinsa duniyar nan don ya hango abu daga nesa ya koma ba. Da hannunsa ya cire sarƙar. Baba ya ci gaba da zama a motar, na san ba ya so ya ƙaryata ɗansa a gaban baƙo ne. Na yi masifa, na yi magiya, duk a banza. Da na ga ya tayar da mota, na faɗa baya kusa da Baba, don ba zan iya barinsa ba.

Muna shiga hanyar, ɗan jagora da muka bari a baya ya juya ya zuba da gudu, tsoho da shi. Yaya ya hango shi ta madubi ya ce, "Ga jagoranki can, ya ari ta kare."

Mun yi kamar minti goma lafiya lau, har na fara cewa ko mu ne muka cika tsoro. Sai na ga yashin hagu yana ƙyalli. Wasu 'yan ƙoramu ne suke gudu a kansa, kamar an bar famfo a buɗe a tsakar gida. Babu igiyar ruwa, babu ƙara, babu iska. Na waiwaya baya. Hanyar da muka biyo babu ita. Ruwa ya zagayo ta bayanmu ya haɗe.

A gabanmu akwai wani kwari inda hanyar ta ɗan yi ƙasa, ya riga ya cika. Yaya ya yi abin da ya saba yi a kogi, ya sa giya ta ɗaya ya taka totur. Ya manta ba a babbar mota yake ba. Muna tsakiyar kwarin inji ya shaƙe ya mutu. Ya murɗa makulli, shiru. Ya sake murɗawa, shiru. Ruwa ya fara shigowa ta ƙasan ƙofofi, mai sanyin tsiya, ya rufe mana idon sawu. Baba ya ɗage ƙafafunsa kan kujera, ya tambaye ni a hankali ko ruwan ƙaruwa yake.

Na dubi Yaya. Ya juyo ya ce, "Auta, me za mu yi?" Tun da aka haife ni ban taɓa jin ya tambayi wani haka ba, kuma wannan ya fi ruwan ba ni tsoro.

Ƙofofi suka ƙi buɗuwa. Yaya ya fita ta taga, ruwa ya kai masa ƙugu. Ina turawa daga ciki, yana ja daga waje, muka fitar da Baba muka ɗora shi kan rufin mota, ni ma na hau. Ban gama zama ba ruwa ya ɗaga bayan motar ya karkata ta. Baba ya sulale daga hannuna. Na ji ƙarar buguwarsa a gefen dutsen hanya, sannan ya nutse. Hularsa kawai na gani tana yawo a kan ruwa. Ban san ina da irin muryar da ta fito daga bakina ba.

Yaya ya nutsa ya lalubo shi, ya ɗago shi ya rungume a ƙirji, ya jingina da motar. Baba yana tari yana aman ruwan gishiri, ƙafarsa ɗaya ta juya yadda ƙafa ba ta juyawa. Ruwa ya kai wa Yaya ƙirji, ya kama hanyar wuya. Yana ta ɗaga Baba sama yana kuka, yana kiran sunan Allah. Na duba ko'ina, babu kowa sai ruwa, ga rana tana haskawa tar kamar ba abin da ke faruwa. Na riga na sallama.

Can muka ji ƙarar inji. Kwale-kwale ne, da masunta biyu, ɗan jagora yana tsaye a gaba yana nuna musu inda muke. Ashe gudun da ya yi, gaɓar masunta ya nufa, don ya san abin da zai faru da kuma daidai inda zai same mu. Suka ɗauki Baba, suka ja ni, suka jawo Yaya. Ɗan jagora ya cire rigarsa ya lulluɓa wa Baba. Kafin mu kai gaɓa na waiwaya, ko rufin motar ba a gani.

A asibiti aka ce ƙashin ƙugun Baba ya karye, ga ruwa ya shiga huhunsa. Kwana huɗu ba mu san ko zai tashi ba. Yaya ya tare a baranda, ba ci ba sha, ya zabge kamar wanda ya yi jinyar shekara. Motar kuwa washegari aka janyo ta, daidai lokacin da takardar ɗan jagora ta ce ruwa zai janye. Allah ya yi Baba yana da sauran kwana, amma likita ya gaya mana ba zai ƙara tafiya da ƙafarsa ba. Yaya ya durƙusa a gaban gadon ya nemi gafara, Baba ya dafa kansa ya ce ya yafe.

Bayan sati bakwai aka sallame mu. Yaya ya aro mota, ya wanke ta fes, ya jera filo a kujerar baya. Na turo Baba a keken guragu har bakin ƙofar asibiti, Yaya ya buɗe masa mota. Baba ya dubi motar, ya dubi Yaya, sannan ya juyo gare ni.

"Auta, ki samo mini wani direba."

"Baba, ai ka ce ka yafe mini," in ji Yaya.

"Na yafe maka har cikin zuciyata. Tsoro nake ji."

Yaya ya tsaya da makulli a hannu. Yau shekara uku ke nan. Duk wata ana kai Baba ganin likita, kuma Yaya ne yake ɗaukarsa cak daga gado, ya sa shi a motar wani, ya gyara masa ƙafafu, ya rufe ƙofa. Sannan ya shiga tasa motar shi kaɗai ya bi su a baya.

Darasin da ke cikin wannan labari shi ne, gwanintar mutum tana da iyaka, kuma iyakarta ita ce inda ya saba. Abin da Yaya ya sani game da kogi gaskiya ne, amma a gaban teku bai amfane shi da komai ba, girman kai kuma ya hana shi sauraron wanda ya sani. In ka je wurin da ba naka ba, ka ji maganar mutanen wurin, ko da ta saɓa wa duk abin da ka saba gani. Ka kuma tuna cewa taurin kai ba mai shi kaɗai yake cutarwa ba, ya fi faɗawa kan waɗanda suka amince suka shiga motarka. Za a iya yafe maka, amma amincewar da ka ɓata ba lallai ta dawo ba.