Hannun Barmani

Dalilin da ya sa ƙanƙara ba ta zama a tafin hannun mutum, yanzu zan gaya muku, in kun rufe mini baki. Ke Lami, share hannunki ki daina yi mini kuka kamar an ƙwace miki gado! Narkewa ta yi, ba wanda ya sace miki.

A can da, ƙanƙara ba ta narkewa. Sau ɗaya take sauka a shekara, a hankali, kamar ana zuba gero a tabarma, kuma kowace ƙwaya da ɗan haske a cikinta. Mutane su tsince su jefa a randa ruwa ya yi sanyi, wanda zazzaɓi ya kama kuwa a ɗora masa a goshi ya sauka.

Sai wani tsoho ya taso a gindin dutse, Shekarau sunansa, ya ce shi ya gano sirri. Wai hankalin mutum asalinsa ƙanƙara ne, haske na ratsa shi. Wai fushi da kuka da tausayi duk zafi ne, su ke dagula shi. Wanda ya ƙura wa ƙanƙara ido har zuciyarsa ta daskare, wai zai ga abin da ke bayan sama. Ku ji fa! Kuma ya sami mabiya. Ƙarti majiya ƙarfi suka yar da fartanya suka zauna a gabansa, baki sake. Ana ce musu Masu Sanyi. Ya sa suka bi gida-gida suka kwashe ƙanƙarar garin kaf, suka tara a rumbunsa, don kada jikin masu zafi ya ɓata ta. In na tuna wannan raina ɓaci yake yi.

To akwai wata mai ginin tukwane, Barmani, da 'yarta tilo, Kande. Ana tsakiyar bazara zazzaɓi ya kwantar da Kande. An yi jiƙe-jiƙe an gaji, jiki sai ƙara zafi yake. Da hantsi Barmani ta sheƙa gindin dutse, ta durƙusa.

"Baba, ƙwaya ɗaya nake roƙo. Jikin Kande kamar garwashi. Da zazzaɓin ya sauka zan dawo maka da abarka."

Shekarau bai ko ɗago kai ba. "'Yata, dubi yadda kike huci. Ba a kusantar haske da zafin rai. Zauna ki huce tukuna."

Baiwar Allah ta zauna. Ta haɗiye kukanta, ta danne zuciyarta, don kawai ya ga ta yi sanyi. Rana ta take tsaka ta ce, "Baba, na huce." Ya dubi idonta ya ce, "Da saura." Inuwa ta karkata ta sake roƙo, ya sake cewa da saura. Uwa ce fa, 'yarta na can kwance! Ta ina za ta huce?

Sai ta miƙe tsaye.

"Kai tsohon banza! Wuni guda ka zaunar da ni kamar tunkiya! Wane haske ne wannan da bai ga yarinya tana mutuwa ba? Ubanka ne ya zubo ta daga sama?"

Masu Sanyi suka tashi za su tare ta, suka tuna wai fushi haramun ne gare su, suka koma suka zauna. Ragwaye! Ta ture tsohon, ta zura hannu a rumbu, ta damƙo ƙwaya ɗaya, ta zuba a guje.

Tana shiga gida ta tarar maƙwabta sun lulluɓe Kande da zane, har an juyar da ita tana fuskantar gabas. Suka ce ba a daɗe ba, yanzun nan ta cika.

Barmani ba ta yi ihu ba. Ta tsaya cak, ƙanƙara a dunƙule a hannunta, ta matse ta, ta ƙara matsewa. Zafin da ta wuni tana dannewa duk ya gangaro cikin wannan hannun. Abin da wutar maƙera ba ta taɓa yi ba, hannun nan ya yi: ƙanƙara ta saki, ruwa ya tsiyayo ta tsakanin yatsunta, hasken ya kufce ya haye sama, wal! Walƙiya ta farko ke nan a duniya.

Ta koma gindin dutse ta tsoma hannun nan a rumbu har gwiwar hannu. Rumbu ya ɓarke da ruwa, haske ya watse sama gaba ɗaya. Shekarau ya durƙusa cikin taɓo yana lalube, yana kuka wiwi, shi da ya hana mutane kuka.

"Zauna ka huce," in ji Barmani. "Da saura."

Shi ya sa har wa yau ƙanƙara ba ta sauka a hankali. Da jifa take zuwa, ta fasa ƙwarya ta kakkarya dawa, tana jin haushin haskenta da ya gudu, walƙiya kuwa na can sama ta ƙi dawowa cikinta. Kuma duk hannun da ya ɗauke ta, da ta ji ɗuminsa sai ta zaci na Barmani ne, ta narke don tsoro. Ni dai ban ga laifin matar nan ba. Da ni ce, da tun hantsi zan fasa rumbun.