Tururuwar da Ta Yi Tsalle a Fadama

Akwai wata tsohuwar tela a ƙauyenmu da ke ƙasar Holan, sunanta Aleida. Tun rasuwar mijinta, kullum sai ta hau keke ta je fadamar bayan gari, inda suka saba zama tare.

Kwatsam hukumar gari ta ce za ta cike fadamar ta yi wurin ajiye motoci, sai dai in an samu wata halitta mai wuyar samu a ciki. Ranar Asabar masu sa kai suka fito ƙidayar ƙwari. Jagoransu Dakta Wessel ne, masanin ƙwari, mai ji da kai kamar me.

Kowa na ta zagaye da raga. Ita kuwa Aleida ta durƙusa gaban kara ɗaya, awa biyu ko motsi.

Can ta ce, "Dakta, zo ka gani. Tururuwar nan tsalle take yi."

Ko juyowa bai yi ba. "Iya, tururuwarmu ba ta tsalle. Ki dai canza tabarau."

Aka kwashe da dariya. Abin ya yi mata ciwo sosai, amma ba ta tashi ba.

Ta ce, "Ɗana, shekara arba'in ina zura zare a allura, na san zare in na gan shi. Da ta faɗo, a jikin zare ta sauko."

Nan Dakta ya juyo. Ya zo ya durƙusa cikin laka, ya kafa gilashin ƙara girma, ya ƙirga ƙafafu: takwas.

Ashe gizo-gizo ne mai tsalle. Ɗan mitsitsi, ƙugunsa a matse irin na tururuwa, yana tafiya da ƙafa shida, ya ɗaga biyun gaba yana kaɗa su kamar ƙahonninta. Da wannan dabarar yake tsira, don yawancin masu farautarsa ba sa son tururuwa. Ni kam hikimar nan har yau tana burge ni.

Wessel ya ce, "Ba a taɓa ganinsa a yankin nan ba. Iya, sau uku na wuce karan nan. Ki yafe mini."

Ta ce, "Ai sauri kake yi, ɗana. Shi kuma masu sauri yake ruɗa."

Fadamar tana nan, ba a taɓa ta ba. A rahoton da ya cece ta, sunan Aleida ne a sama, na Dakta a ƙasa, kuma shi da hannunsa ya jera su haka.

Darasi: Kada iliminka ya hana ka sauraron wanda ka raina, domin abin da gaggawa ta tsallake, haƙuri ne ke ganinsa. Ku tura wa 'yan uwa su ma su amfana.