Geron Irin da Atika Ta Ƙi Dakawa

Akwai wata mata a Sakkwato, wajen Gidan Dare, sunanta Atika, a shekarun farko da Nasara suka shigo ƙasar. Mijinta Arzika manomi ne. Mace ce mai kunya, ko sallama aka yi sai an kasa kunne kafin a ji amsarta.

A bazarar wata shekara ruwa ya yi jinkiri. Sai ga wani baƙo ya sauka a unguwar. Ya ce daga Zambarai ya fito, wata ƙasa can bayan mafaɗar rana, inda mutane ba su da inuwa. A tsakiyarta, in ji shi, akwai rijiya mai magana.

Rijiyar ta ce zuwan fararen mutane alama ce ta farko ta tashin duniya, ƙin saukar ruwa ta biyu. Ranar Juma'a ta bakwai daga zuwan baƙon kuwa sama za ta yi baƙi da rana tsaka, a naɗe ƙasa kamar tabarma.

Malamai suka yi ta cewa Allah kaɗai ya san ranar. Amma tsoro ya riga ya shiga gidaje.

Maigandi, yayan Arzika, shi ya fara gaskatawa. Ya yanka shanunsa tara, har da mai ciki, ya buɗe rumbu ya rabar. Maƙwabta suka bi sahu, har geron iri aka dake aka sha.

A gidan Arzika dami biyu na iri suka rage, rataye a ɗakin Atika. Ranar Alhamis, jajiberin Juma'ar, Maigandi ya zo zaure yana faɗa.

"Ni na yanka shanu tara, kai dami biyu kake ma rowa? Wa za shi ci abin da ka shuka? Aljanu?"

Arzika ya shigo kansa a sunkuye. "Atika, ki daka irin nan, a yi hura sadaka."

Ta ce to. Ta sussuke, ta sheƙe, ta zuba kwano ɗaya a turmi. Ta ɗaga taɓarya, hannunta ya ƙi sauka. Da kaka ita da shi suka zaɓi zangarkun nan ɗaya bayan ɗaya, dogaye masu cikakken ido. In ta daka ta, gidan ba shi da shekara mai zuwa.

Da Arzika ya dawo ya tarar da geron yadda yake.

"Mi ya hana ki?"

Idonta na kan turmi. Tun da aka kawo ta ba ta taɓa musa masa ba.

"Malam, in tambaye ka? In an naɗe ƙasa gobe, gero shina cikinmu ko shina cikin rami, ai duk ɗai ne, ko?"

"Duk ɗai ne."

"To in ba a naɗe ta ba hwa?"

Arzika ya dubi geron da ke cikin turmi.

"Mu tahi mu yi binne," in ji ta. "In mun mutu, ba mu yi asarar komi ba."

Binne shi ne a shuka a busasshiyar ƙasa kafin ruwa, iri ya kwanta yana jira.

Daga zaure Maigandi ya jiyo. Ya ɗaga murya: "Duk wanda ya riƙa sungumi gobe ya ƙaryata rijiya, da shi za a hwara. Ka biye ma mace, Arzika. Ba ruwana."

Da hantsin Juma'a suka fita, su biyu kaɗai a duk faɗin gonakin. Shi yana gaba yana sara da sungumi, ita tana baya tana jefa iri tana rufewa da diddige.

Sun ci kashi uku cikin huɗu na gonar sai iska ta ɗauke. Ko tsuntsu ba ka ji. Atika ta ɗaga kai, ta ga gabas ta yi baƙi ƙirin, baƙin yana tahowa yana cinye rana. Daga cikin gari kukan mata da salati suka taso.

Sungumi ya faɗi daga hannun Arzika. "Ta tabbata. Atika, mun halaka. Zo mu mutu cikin mutane."

Atika ta dubi ƙwaryar irin, saura kaɗan.

"Malam, mu ƙare layin ga."

"Ba ki gani?"

"Ina gani. Ko mun ruga ina za mu?"

Ta sunkuya ta ɗauki sungumin ta miƙa masa. Ya karɓa. Yana sara yana kalmar shahada, tana binsa. Duhu ya kai da ƙafa take laluben ramin. Sama ta yi wata ƙara da ta girgiza ƙasa, suka durƙusa tare, suka rufe ido.

Abu mai sanyi ya faɗo mata a wuya. Sai wani. Sai ƙamshin ƙasa.

Ruwa ne. Aka yi ta shi har la'asar. Da aka nemi baƙon Zambarai, ko takalminsa ba a gani ba.

Bayan kwana huɗu gonar Arzika ta yi kore, na kewaye da ita jajir, babu abin shukawa.

Ranar da suke rage tsiron da ya yi yawa a ramuka, Maigandi ya zo ya tsaya a bakin gona. Ya rame. Ya kasa sallama.

Atika ta raɗa wa mijinta: "Kar mu zubar. A ba Yaya shi dasa, da sauran mutane."

Maigandi ya tsuguna, ya shimfiɗa rigarsa, tana zuba masa tsiron da sauran laima a saiwarsa. Can ya ce, "Ashe ke ce babba gidan ga."

Ta ja mayafi ta rufe fuska, ta koma kan layinta.

Darasi: Sanin gaibu na Allah ne shi kaɗai. Kada tsoron abin da wani ya ce zai faru ya sa ka lalata abin da ke hannunka, kuma kada ka raina maganar mai ƙaramar murya. Ku tura wa 'yan'uwa, wataƙila akwai mai shirin daka irinsa yau.