Tukwanen Finka Bakwai na Sarki Jatau

Sabi'u, ajiye wayar nan. Hansatu, bar wankin ki matso. Kai ma Lawandi, gemunka ba zai hana ka zaman tabarma ba. Labari zan ba ku, kuma ba na son a katse ni.

A wani zamani mai tsawo, wanda ko kakannin kakanninmu ba su riske shi ba, an yi wani sarki a Birnin Marmaro mai suna Jatau, mai faɗin ƙasa, mai sakin hannu, wanda ba a taɓa jin baƙo ya bar fadarsa da ƙishi ba. Abin alfaharinsa ke nan, shi ne kuma ya ja masa. Don ya ga ƙorama na gudana a lambun fadarsa, sai ya sa aka karkato idon ruwan da ke gindin Dutsen Kufai, aka bar dutsen ƙayau, alhali wata aljana mai suna Sambala ta shekara ɗari uku tana sha daga nan.

Wata rana da tsakar rana, fada ta cika maƙil, sai ga Sambala cikin siffar tsohuwa, ta jera tukwanen ƙasa bakwai a gaban karaga. Kowace tukunya na ɗauke da furen nan mai ganye sumul da fure fari da ja, wanda masu sayar da fulawa yanzu suke kira finka. Ta ce, "Ranka ya daɗe, na ji an ce babu wanda ya kai ka iya shayarwa. Ga baƙi bakwai na kawo maka. Na raba numfashin 'yarka Gimbiya Yalwa kashi bakwai, na ɗaura kowane kashi a jikin ɗaya. Ranar da na bakwai ya mutu, sai ku nemi likkafani." Ta ɓace.

Sarki ya yi murmushi, don a ganinsa an jarraba kifi da iyo. Sai dai akwai doka tun ta kakanni a fadar nan, cewa tukunya mai huda ba ta kwana a gidan sarki, wai tana tsiyayar da arziki. Da aka duba, tukwanen aljana duk a huje suke a gindi. Aka cire furannin, aka dasa su cikin tasoshin azurfa marasa ko tsaga, aka watsar da tukwanen ƙasar a juji.

Daga nan shayarwa ta zama hanyar nuna biyayya. Waziri ya zuba da safe, Galadima ya zo ya ƙara don kada a ce Waziri ya fi shi son Gimbiya, kuyangi su ƙara, Sarki kuma ya rufe da butarsa ta zinariya. Kafin wata ya cika, ganyen na farko ya yi rawaya ya langaɓe. Fadawa suka ce ƙishi ne, aka ninka ruwa. Ya mutu, ƙafafun Gimbiya suka kumbura ta kasa tsayuwa.

Sarki ya ce lalle ruwan ne bai dace ba. Galadima ya yi tafiyar wata biyu ya ɗebo daga mahaɗar koguna bakwai, na biyu da na uku suka mutu. Waziri ya hau Dutsen Gajimare ya tara raɓa a cikin tulu, na huɗu da na biyar suka bi su. Wani boka ya kawo ruwan da ya ce kunama ba ta taɓa ƙetare shi ba, na shida ya ruɓe a kwana uku. Gimbiya na kwance, murya ta tafi, numfashi kamar zaren gizo. Saura tasa ɗaya.

To, akwai wani maginin tukwane, Tanimu, wanda ke kawo randuna gidan sarki. Ya bi ta jujin fada ran nan, sai idonsa ya faɗa kan tukwanen nan bakwai, ya tsaya duban ginin, kamar yadda kowane mai sana'a zai yi. A cikin ɗaya sai ya ga wani ɗan reshe da aka bari lokacin cirewa, ya yi saiwa a ragowar ƙasa, ya fitar da fure biyu jawur, ga shi babu mahalukin da ya taɓa ɗiga masa ruwa sai abin da sama ta bayar. Ya juya tukunyar ya ga huda. Ya nemi iso.

Sarki ya ce, "Kai magini, manyana sun ƙetare koguna sun gaza. Idan furen nan ya mutu a hannunka, kanka zai bi shi."

Tanimu ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Allah ya ja zamanin Sarki, na yarda. Amma a ba ni kwana bakwai, kuma kada hannun kowa ya taɓa tasar nan, har da hannun da ya fi kowane hannu." Sarki ya amince.

Ya tura yatsa cikin ƙasar, ya fito da shi da taɓo mai wari. Ya ɗaga tasar azurfa, ya sa basilla da guduma ya huda gindinta a gaban kowa. Baƙin ruwa ya tsiyayo ya ɓata dardumar sarki. Waziri ya yi tsalle ya ce, "An karya dokar kakanni!" Sarki ya hana a taɓa maginin, don ya riga ya yi alkawari. Tanimu ya yanke saiwoyin da suka ruɓe, ya gauraya yashi da ƙasar, ya fitar da tasar inda rana ke bugu, ya zauna kusa da ita.

Wahalar ba ta huda tasa ba ce, ta korar masu buta ce. Kwana huɗu yana mayar da hakimai da kuyangi, suna zaginsa da marar imani. A rana ta biyar ganyen ya sunkuya, sai ga Sarki da kansa, idanu jawur, buta a hannu, ya ce, "Matsa, 'yata na mutuwa."

Tanimu bai matsa ba. Ya ce, "Ranka ya daɗe, sa yatsanka a ƙasar nan zuwa gaɓa ta biyu. In ka ji ta bushe, ka zuba, ka sare ni. In da danshi, to ruwan nan ba don furen za ka zuba ba, don zuciyarka ta huce ne."

Sarki ya durƙusa, abin da ba a taɓa gani ba, ya sa yatsa. Da danshi. Ya ajiye buta ya koma ciki.

Sai a rana ta bakwai ƙasa ta bushe. Tanimu ya zuba ruwa da sassafe a gindin furen, bai jiƙa ganye ba, har ya ga ya ɗigo ta hudar, ya tsaya. Kafin mako ya zagayo sabon toho ya fito, Gimbiya ta buɗe baki ta nemi fura.

Sambala ta sake bayyana ta ce, "Sarki, wanda bai san iyakar bayarwa ba, bai san iyakar karɓa ba." Sarki ya mayar mata da idon ruwanta, ita kuma ta kwance ɗaurin. Aka soke dokar tukunya mai huda. Da Gimbiya Yalwa ta ji labari, ta ce wa mahaifinta mutumin da ya iya hana sarki shi take so. Aka ɗaura aure, Tanimu ya zama mai kula da ruwan ƙasar baki ɗaya.

Nan labari ya tsaya. Yanzu ku juya ku dubi finkata da ke bakin ƙofa. Bara da na yi jinyar wata ɗaya a asibiti, tukwane shida na bari, biyu na tarar, kuma kowannenku ya rantse mini kullum yana zuba musu ruwa. Na yarda, shi ya kashe su. Biyun nan mahaifinku ne ya dasa su da hannunsa kafin ya rasu, ba ni da wasu. Jibi zan tafi aikin Hajji. Ku fitar mini da mutum ɗaya a cikinku, mai yatsa, sauran biyun su riƙe butocinsu. Ku sasanta yanzu, ina zaune ina jira.