Uwar da Ta Tsige Gashin Idon 'Yarta

Akwai wata mata a wani gari, mai himma ce ƙwarai a cikin ikilisiya. Ba a taɓa buga ƙararrawar sujada ta same ta a gida ba. Da lokacin zaɓe ya yi, matan Zumunta, wato ƙungiyar matan ikilisiyar, suka zaɓe ta shugaba, aka sa ranar Lahadi za a yi mata addu'a a gaban jama'a, iyalinta na tsaye a gefenta. Mijinta ya daɗe da rasuwa, iyalin nata kuwa 'ya ɗaya ce tak, Keziya, wadda take karatu a babban birni.

Ran Jumma'a da la'asar Keziya ta iso gida domin wannan hidima. Uwar ta fito da gudu ta tarye ta, sai ta tsaya cak a bakin ƙofa. A kan idon yarinyar akwai wani gashi baƙi ƙirin, dogo, ya tanƙwaro sama kamar bakin tsintsiya. Mako guda kafin nan an yi bikin ƙawarta, aka kai ƙawayen amarya duka shago aka ƙara musu gashin ido na kanti, ita ma aka sa mata.

Ko sannu da zuwa uwar ba ta ce ba. Ranta ya ɓaci, zuciyarta ta tafasa. Ta ce, “Da wannan fuskar za ki tsaya kusa da ni jibi? Shekara nawa ina yi wa 'ya'yan mutane faɗa a kan irin wannan, ashe abin yana cikin ɗakina!”

Keziya ta durƙusa ta ce, “Mama, ki yi haƙuri. Ni ma ya ishe ni, nauyi yake mini. A cire shi kawai.”

Ku lura da wannan, gama a nan ne abin haushin yake. Yarinyar ba ta yi gardama ba, ba ta murguɗa baki ba, ba ta ce zamani ya canza ba. Ta riga ta yarda. Abin da ya rage kawai shi ne yadda za a cire.

Washegari da safe uwar ta aika aka kira Briskila, maƙwabciyarsu mai shagon kitso, wadda ta san wannan aiki. Briskila ta ɗaga haɓar yarinyar, ta duba da kyau a cikin haske, sa'an nan ta ce, “Mama, wannan ba irin wanda ake mannawa da safe a ɓare da yamma ba ne. Kowane sili ɗaya an liƙa shi da gam a jikin silin nata na ainihi. In kin ja na kanti, nata zai biyo shi. Kada a ja. Kada kuma a shafa mai, don ba ya sakin gam ɗin nan take, sai dai ya gangara cikin ido ya dame shi.”

“To, da me za a cire?”

“Da sirace, Mama, da haƙuri.”

Briskila ta tafasa ruwa ta zuba a kwano, ta sa Keziya ta sunkuya a kai, ido a rufe, ta lulluɓe mata kai da tawul. Da tururin ya ratsa, sai ta jiƙa auduga da ruwan ɗumi tana shafawa a hankali daga sama zuwa ƙasa. Sili shida suka sauka a kan audugar, sauran suka ƙi. Briskila ta ajiye audugar ta ce, “Na yanzu ke nan. Da yamma a sake, gobe ma a sake. Wanda ya saki a ɗauke shi, wanda bai saki ba a bar shi. Kwana huɗu ko biyar zai ragu sosai, sauran kuwa da kansu za su zube.”

Uwar ta kalli sili shidan nan kamar an zage ta. Ta ce, “Kwana biyar? Gobe ce Lahadi!”

Briskila ta ce, “Lahadi tana da yawa, Mama. Ido biyu ne kawai.” Ta ɗauki jakarta ta tafi shago.

Da azahar uwar tana zaune a tsakar gida tana jajjagen attarugu, domin gobe gida zai cika da baƙi. Sai ga wata daga cikin matan Zumunta ta leƙo aron babbar tukunya. Ta hangi Keziya tana shanya, ta riƙe baki ta ce, “A'a! Keziyar tamu ce ta zama 'yar birni haka? Lalle gobe za mu sha kallo.” Ta yi 'yar dariya, ta ɗauki tukunya ta fita. Ba ta kai ƙarshen layi ba ta manta da ta faɗi haka. Amma maganar ta zauna wa uwar a ƙirji. Tana daka tana jin dariyar, tana ganin matan nan a kan bencunan sujada suna taɓa juna da gwiwar hannu. A cikin ranta ta ce, me Briskila ta sani? Yarinyar da aka haifa a gabana ita za ta koya mini yadda zan gyara 'yata? Ai icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Ta ajiye taɓarya. Ba ta wanke hannu ba, ta dai goge shi a gefen zaninta. Ta ɗauko kwalbar man gyaɗa daga madafa, ta kira Keziya, ta ce ta kwanta ta sa kai a cinyarta.

Keziya ta ce, “Mama, Anti Briskila fa ta ce kada a sa mai.”

“Briskila ce ta haife ki? Rufe ido.”

Yarinyar ta rufe ido, gama ba ta taɓa yi wa uwarta musu ba. Uwar ta tsoma yatsa a mai ta mulka a fatar idon dama. Man ya kwashi yajin da ke yatsar ya gangara da shi ciki. Keziya ta ƙwalla ƙara, ta yunƙura za ta tashi. Uwar ta danne ta ta ce, “Raki! Da ake sa miki ba ki yi kuka ba, sai yanzu?” Ta jira gam ya saki, gam bai saki ba. Sai ta kama gashin da farce ta fizga. Ta sake kamawa ta fizga. Sau huɗu, fatar idon dama ta zama fayau, babu na kanti, babu na Allah.

Sai da ta buɗe tafin hannunta za ta yar, sa'an nan ta gani. A jikin kowane dogon sili baƙi akwai wani ɗan siriri, gajere, mai laushi, da 'yar farar saiwarsa a gindi. Ta san wannan gashin. Shi ne ta riƙa kallo sa'ad da yarinyar take jaririya tana barci a ƙirjinta. Amma aikin gama ya gama. Garin neman gira ana shirin rasa ido.

Ihun yarinyar ne ya kawo Briskila da gudu. Ta yi ta kwarara wa idon ruwa mai tsabta, ta tare mai babur, ta kai Keziya asibiti. Likita ya ce farce ya karci ƙwayar idon, da ƙyar aka tsira da ganin. Ya ce gashin zai tsiro nan da wata biyu ko uku, amma inda saiwa ta lalace ba lalle ya dawo ba.

Ran Lahadi aka kira sabuwar shugaba gaba, aka ce iyalinta su taso. Ba wanda ya taso. Ta tsaya ita kaɗai cikin sabon anko, ana yi mata addu'a, 'yarta kuwa tana kwance a ɗaki, ido ɗaya a kumbure an rufe shi da bandeji, ɗayan kuma yana nan da dogon gashinsa na kanti kamar yadda Briskila ta bar shi.

Keziya ta warke, ta koma makaranta. Ba ta zagi uwarta ba, ba ta kai ƙararta wurin kowa ba. Tana gaisuwa, tana amsa kira, tana zuwa hutu. Amma wata safiya, bayan wata shida, suna shirin fita sujada, uwar ta ga ɗankwalin yarinyar ya karkace, ta miƙa hannu za ta gyara mata. Keziya ta runtse ido, ta kare fuska da hannu biyu, ta ja da baya. Hannun uwar ya tsaya a sama, ba ta san inda za ta kai shi ba.

Ma'anar wannan misali ita ce: gashin nan na kanti shi ne duk wani hali da 'ya'yanmu da ƙannenmu suke kwasowa a waje. Ban ce yana da kyau ba, ban ce a bar shi ba. Uwar nan ba ta yi laifi da ta so a cire ba. Amma ku sani, mugun hali ba ya zama shi kaɗai a jikin mutum. A liƙe yake da wani abu mai rai da Allah ya dasa, wato kunyar yaro, da amincewarsa gare ku, da 'yar bangaskiyarsa da ba ta yi ƙwari ba tukuna. Wanda ya fizge da fushi, duka biyun yake fizgewa.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne man nan. Mu masu zuwa sujada mun iya shafa mai. Muna da laushin baki, muna cewa “don ina ƙaunarki ne,” muna jawo sunan Ubangiji a kowace jimla, alhali hannun da ke shafawa cike yake da yaji. Ku tambayi kanku da gaskiya: faɗan da kuka yi wa yaron nan, don ransa kuka yi, ko don kada a yi da ku? Uwar nan ba idon Keziya take gani ba a ranar, bakin matan Zumunta take gani. Wanda yake gyaran ɗansa don tsoron bakin mutane, kansa yake gyarawa, ɗan kuwa shi ke biyan wahalar.

Hanyar Ubangiji irin ta sirace ce. Ɗumi ne, da addu'a, da maimaitawa yau da gobe, abin da ya saki a ɗauke, abin da bai saki ba a dawo masa jibi. Da haka ya bi da ku. Shekara nawa ya yi yana jiran wasu halayenku su saki? Da fizga ya yi, wa zai rage a cikinmu da ido a yau?

Iyaye, dattawa, shugabanni, in kun fita daga nan ku waiwaya ku dubi bencin matasa, ku ga inda ya zama fili. Mun saba cewa duniya ce ta kwashe su. Wasu, i, duniya ce. Amma da yawa daga cikinsu sun zo ne a durƙushe suna cewa a cire musu, mu kuma muka tsige su da hannunmu.