Soron Burgu a Fadama

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, mu ƙaru.

A wani gari na namun daji akwai wata fadama mai albarka. Tun shekarar da aka yi wata muguwar yunwa, dattawan garin suka kafa doka cewa fadamar nan ta noma ce kaɗai. Kowane gida yana da fegi a ciki, amma ba mai aza ko tubali ɗaya. Mai son gini sai ya hau tudu. Kunkuru ne Sarkin Noma, shi ke zagayawa yana duba.

Burgu da Kurege maƙwabtan gona ne, iyakarsu ɗaya. Sai Kurege ya yi rani uku yana jidar ruwa da ƙasa zuwa tudu, har ya gina ɗan soro, ya yi masa zanko, ya shafe shi da makuba. Duk wanda ya wuce sai ya tsaya ya yaba. Burgu kuwa da ya ji an ambaci soron, sai ya ɓata fuska. Ran da matarsa ta je barka ta dawo tana cewa ɗakin sanyi kamar randa, kwana biyu bai yi mata magana ba.

Sai ya ce a ransa, Kuregen da bai kai shi girma ba shi ne za a riƙa yabo? Wallahi sai ya gina wanda ya ninka shi. Ya dubi tudu, ya ga nisa. Ya dubi feginsa, ga yumɓu ga ruwa, ga kuma hanyar da kowa ke bi kullum. Sai ya hau kwaɓa ƙasa.

Ya ɗora sahu uku, sai ga Kunkuru.

"Malam Burgu, me nake gani?"

"Ranka ya daɗe, 'yar rumfa ce ta korar tsuntsaye."

Kunkuru ya ce da kara ake rumfa, ya umarce shi ya kwashe tubalinsa. Burgu ya ce to.

Bayan mako guda bango ya kai kafaɗa. Kunkuru ya dawo, Burgu ya ce ai rumbu ne. Kunkuru ya ce a gida ake kafa rumbu, ya umarce shi ya rushe. Burgu ya ce to. Kurege ma ya zo ya ce akwai fili kusa da nasa a tudu, zai taya shi jidar ruwa. Burgu ya ce baƙin ciki ne ya kawo shi, don ya ga za a fi shi.

Zuwan Kunkuru na uku, sai ya tarar da soro har da bene da tagogi. Burgu ya leƙo daga sama ya ce, "Sarkin Noma, wancan da ya gina nasa yabonsa kuka yi. Ni ne ba ku so a gani?"

Kunkuru ya juya ya tafi.

Sai damina ta kankama. Ashe katangar Burgu ta tare hanyar ruwa. Ruwa ya kwanta a gonaki bakwai, shuka ta ruɓe. Gonar Kurege ko zangarniya ɗaya ba ta tsira ba.

Aka kai Burgu gaban Alƙali Gauraka. Alƙali ya tambaye shi ko ya san dokar, ya ce ya sani. Ko an gargaɗe shi, ya ce an yi. Ya fara kawo zancen soron Kurege, alƙali ya ce ba shari'ar tudu ake yi ba. Sai ya yanke hukunci: Burgu zai rushe ginin da hannunsa, ya kwashe ɓaraguzan, a raba hatsin rumbunsa ga gidaje bakwai ɗin nan. Fegin kuma an karɓe, an ba Kurege, tunda shi ya fi kowa asara.

Burgu ya yi kwana tara yana rusau, masu zuwa gona suna kallo. Da ya gama, ga rumbu wayam, ga ruwa ya cinye tsohuwar bukkarsa da ya yi watsi da ita. Sai Kurege ya zo ya ce, "Yaya Burgu, zaurena ba kowa. Ku zo ku fake har kaka."

Matar Burgu ta kwashi 'ya'yanta ta shige tana godiya. Shi kuwa ya zo har bakin ƙofa, ya ɗaga kai ya dubi zankon nan, ƙafarsa ta ƙi shiga. Sai ya zagaya bayan juji ya haƙa rami. Har yau a rami burgu yake, ba ya son haɗa ido da kowa.

Kun ji, hassada ga mai rabo taki ce, kuma ƙasar da ke ciyar da gari ba a yin gasa a kanta.

Ƙurunƙus, kan burgu a bakin rami.