Zanzaro a Bindigar Muhammadu Sani

Akwai wani mutum mai suna Jaji a wani ƙauye yamma da Ɗanbatta, a shekarun farin nan da damina ta yi gardama sau biyu a jere. Lokacin rumbuna sun koma fayau, tuwo sai gidan wane da wane, sauran jama'a kuwa tafasa da rama ake kwaɗantawa a sha ruwa a gode wa Allah.

Jaji yana da tsohuwar bindiga mai baki ɗaya, wadda ya samu tun yana gadin gonar wani attajiri. Harsashinsa ya ƙare shekara biyu da suka wuce, kuma ba shi da halin sayen wani. Amma duk ranar Juma'a da sassafe sai ya shimfiɗa buzu a ƙofar gida ya karya bindigar, wato ya buɗe ta ta inda ake sa harsashi. Yana da wata igiya da ya tufka da kansa, ɗan dunƙulen dalma a baki ɗaya, tsumma a ɗaya bakin. Sai ya zura dalmar ta inda ake sa harsashi, ta zurara ta faɗo ta gaba, ya ɗiga man keken ɗinki a tsumman, ya ja a hankali. Yakan ja sau uku ko huɗu, sannan ya ɗaga bututun ya leƙa. In bai ga haske tas ba, sai ya sake.

Mutane sun gaji da yi masa dariya sun ƙyale shi. Mutum ɗaya ne bai taɓa gajiya ba, wato Muhammadu Sani.

Uwar Jaji da uban Muhammadu Sani ciki ɗaya suka fito, don haka taubasai ne, abokan wasan juna. Kun san yadda abin yake, ba a gaisawa sai da tsiya. Jaji ya girme shi da fiye da shekara goma, amma wasa bai san wannan ba. Kowa "bawana" yake kiran ɗan'uwansa.

"Bawana, yau ma wankan amaryar ake yi?" in ji Muhammadu Sani in ya zo wucewa. "Ka sa mata lalle mana. Bindiga ba harsashi ai sanda ce, ka ba makaho ya yi jagora da ita."

Shi ma Jajin ba kanwar lasa ba ne. Ya taɓa tsayar da Muhammadu Sani a tsakiyar kasuwar Ɗanbatta, fuska a murtuke, ya ce masa jakinsa ya tsinke ya nufi gonar mai gari. Bawan Allah ya baro kayansa ya yi gudun da bai taɓa yi ba, ya tarar da jaki a turke yana cin harawa. Wata rana kuma ya raɗa masa cewa wandonsa ya yage ta baya, mutum ya wuni a wurin ɗaurin aure yana jingine da bango. Irin waɗannan sun fi a ƙirga. Amma ranar da gero ya yanke a gidan Muhammadu Sani, Jaji ne ya raba ɗan abin da ya rage masa biyu ya aika da rabi, bai taɓa ɗaga maganar ba.

To ana cikin wannan hali sai Barira, matar Muhammadu Sani, ta haihu. 'Ya mace, kyakkyawa. Sai dai haihuwar ta zo da wahala, Barira ta zubar da jini sosai. Kwana huɗu tana kwance, in ta miƙe jiri ya kwashe ta, nono ma sai a hankali. Ungozoma ta faɗa masa gaskiya: mai jegon nan romo take buƙata, ganye ba zai tashe ta ba.

Ina zai samo nama? Awaki sun tafi kasuwa tun bara, kaji annoba ta share su. Abin da ya tuna shi ne, manoma sun ce zabin daji suna saukowa da safe a ƙoramar da ta ƙafe, suna tonon danshi. Shi ma yana da bindigar da ya gada wurin mahaifinsa, tana rataye a zaure, baki sama, damina uku ba wanda ya taɓa ta. Kuma a ƙasan adakarsa akwai harsashi biyu naɗe a leda.

Ranar Juma'a bayan sallar asuba ya sauko da bindigar, ya kakkaɓe ƙurar jikinta da hannun riga, ya cusa harsashi ɗaya a cikin duhun zaure ya rufe. Ya leƙa ɗaki ya ce wa Barira, "Ki daure, yau in Allah Ya so za ki sha romo."

Hanyar ƙorama ta ƙofar gidan Jaji ta bi. Jaji na zaune a buzunsa, igiya a hannu. Yana hango abin da ke kafaɗar taubashinsa sai ya tuna wani abu. Da damina ya sha zama a zauren Muhammadu Sani, ya ga zanzaro yana shiga bakin bindigar ɗauke da laka yana fitowa. Ya faɗa a lokacin, aka yi dariya aka wuce.

"Bawana, tsaya," in ji Jaji. "Kada ka harba wannan bindiga. Zanzaro ya yi gini a ciki."

Muhammadu Sani ya ƙyalƙyale da dariya, bai ko rage tafiya ba. "Ya yi gini? To ka ce masa ya biya kuɗin haya. Yau ba ni da lokacinka, iyali na kwance."

"Wallahi da gaske nake. In ka ja kunamar nan bututun zai fashe a hannunka."

"Ranar jaki ma haka ka ɗaure fuska. So kake in tsaya ina leƙen bindiga a kan hanya har zabi su tashi, ka samu labarin da za ka kai masallaci."

Nan Jaji ya gane ramin da ya haƙa wa kansa. Shekara talatin yana yi wa mutumin nan ƙarya da fuskar gaskiya, yau ga gaskiyar ta zo, ba ta da fuskar da za ta sa. Kuma ya san abin da toshewar bututu ke yi, don ya taɓa ganin mafarauci da yatsa biyu kacal a hannun hagu. Mai noma da hannu ɗaya a shekarar yunwa, ga mace kwance, ga jaririya, wa zai riƙe gidan?

Sai ya tashi da sauri ya sha gabansa. Ya cire hularsa ya ajiye a ƙasa. Dattijo mai furfura, ya durƙusa a kan hanya gaban ƙaninsa, gwiwa biyu, mata masu zuwa rijiya suna kallo.

"Muhammadu Sani ɗan kawuna," ya ce. "Yau ba wasa tsakanina da kai. Na haɗa ka da Allah, na haɗa ka da zumuncin iyayenmu, ka karya bindigar nan."

Muhammadu Sani ya yi turus. Tunda ya yi wayo bai taɓa jin cikakken sunansa a bakin Jaji ba. Kunya ta kama shi, ya kama kafaɗarsa yana cewa, "Subhanallahi! Tashi, Yaya, don Allah tashi."

"Ba zan tashi ba sai ka cire harsashin."

Muhammadu Sani ya karya ta, ya zare harsashin ya sa a aljihu. Jaji ya miƙa masa igiyar ya ce ya zura da hannunsa. Dalma ta shiga, ta yi 'yar tafiya, sai suka ji ƙwas, ta tsaya. Ya girgiza, ba ta wuce ba. Ya ɗaga bututun ya saita shi da ranar da ta fara fitowa, ya leƙa. Duhu ne kawai a ciki.

Jaji ya ɗauko siririyar sanda ya zunguro ta gaba. Busasshiyar laka ta dinga zubowa gutsure-gutsure, tauri kamar tubali, har da matattun tsutsotsin da zanzaro ya tara wa 'ya'yansa. Da suka samu hanya suka ja tsumma, ya fito jawur da tsatsa. Muhammadu Sani ya zauna daɓas a ƙasa. Ya daɗe yana kallon hannunsa na hagu, wanda da shi zai tallafi bututun.

"Wannan sai ta sha mai na kwanaki kafin a amince mata," in ji Jaji. "Tashi, rana na yi. Ga tawa, bakinsu ɗaya, harsashinka zai shige ta."

Tare suka tafi ƙoramar. Harbin farko Muhammadu Sani ya kuskure. Jaji ya dube shi ya ce, "Bawana, zabuwa aka ce ka harba, ba sararin sama ba." Suka ƙunshe dariya, suka bi garken a hankali har inda ya sake sauka. Harsashi na biyu, na ƙarshe, ya kayar da zabuwa guda mai ƙiba, suka ruga suka yanka ta.

Kafin a tafi masallacin Juma'a ƙamshin romo ya cika gidan. Barira ta sha kwano guda, gumi ya karyo mata, ta jingina da bango ta ce a ƙaro. Ba ta san abin da ya faru a hanya ba. Da jaririyar ta motsa sai ta ce wa mijinta, "Malam, karɓe ta in ƙarasa. Ka sa hannu biyu fa, wuyanta bai yi ƙwari ba."

Ya miƙa hannu biyu ya karɓi 'yarsa. Barira ta ɗago ta ga hawaye na bin gemunsa, ta tambaye shi lafiya. Ya ce mata lafiya ƙalau, ta sha romonta kada ya huce.

Darasi: Kada ka bari sabo da raha su toshe maka kunne, domin wanda ya fi kowa tsokanarka sau da yawa shi ya fi kowa tsoron abin da zai same ka. Kai kuma mai wasa, kada ka zubar da darajar maganarka saboda ranar da rai zai dogara da ita. Sannan duk abin da za ka nema ranar tsanani, ka kula da shi tun ranar da ba ka buƙatarsa. Ku tura wannan labari ga taubasanku da duk wanda kuke tsokana saboda ƙauna, su san ba kullum ne wasa ba.